Inuwar Ɗan Sanda a Gidan 'Yan Ƙwadago

Jama'a masu karatu, musamman 'yan'uwa marubuta, akwai wani al'amari da ya daɗe yana ci mana tuwo a ƙwarya, wanda muke ganin ya cancanci mu ɗan tsaya mu yi masa duban basira a wannan fitowa. Al'amarin kuwa shi ne yadda za ka ga shugaban ƙungiyar ƙwadago ya ɗauki lauya ya nufi kotu, yana roƙon alƙali ya sa 'yan sanda su tsaya masa. Idan ka tambaya daga sharrin wa yake neman tsari, sai ka tarar daga 'yan'uwansa ma'aikata ne, waɗanda jiya-jiyan nan suke ɗaga tuta ɗaya tare da shi. To, abin tambaya a nan, shin wanda ya yi haka ya ci amanar tafiyar ne, ko kuwa ya yi abin da kowane mai hankali zai yi ne idan wuƙa ta zo wuya?

Ba za a gane nauyin tambayar ba sai an waiwaya baya. Ita dai ƙungiyar ƙwadago an ƙirƙiro ta ne domin lebura shi kaɗai ba ya iya ja da maigidansa, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. A farkon tafiyar kuwa, duk lokacin da ma'aikata suka haɗa kai suka ce a ƙara musu haƙƙi, ɗan sanda shi ne kulkin da ake ɗaukowa a buge su da shi. A ranar 18 ga Nuwamba, 1949, a mahaƙar kwal ta Iva Valley da ke Inugu, 'yan sanda a ƙarƙashin wani jami'in Bature suka buɗe wuta a kan leburorin da ke neman haƙƙinsu, suka kashe mutum 21, suka raunata 51. Da irin wannan jini aka kwaɓa tubalin gidan 'yan ƙwadago a ƙasar nan. Saboda haka ranar da magajin waɗannan mutane ya je da ƙafarsa ya ce a turo masa 'yan sanda su tsare masa ƙofar ofis, dole tsofaffin 'yan gwagwarmaya su riƙe haɓa.

Bari mu ɗauki misalin da kowa ya sani, domin babu wanda bai taɓa shiga tasha ba. Ƙungiyar direbobi ta ƙasa, NURTW, wadda mutanenmu suke kira yuniyan, an kafa ta ne a 1978. A watan Agusta na 2023 wakilanta suka yi taro a Lafiya, suka sake zaɓen Tajudeen Baruwa a matsayin shugaba. Wani ɓangare ya ce bai yarda ba, ya kafa kwamitin riƙo a ƙarƙashin Tajudeen Agbede, ya kuma mamaye hedikwatar ƙungiyar da ke Garki a Abuja. A watan Satumba aka gwabza a bakin hedikwatar har da harbe-harbe, 'yan sanda suka kama Baruwa da wasu mutanensa, uwar ƙungiyar ƙwadago ta ƙasa, NLC, ta fito ta zargi 'yan sandan da ɗaukar ɓangare. Maganar ta je Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda a watan Maris na 2024 ta ce Baruwa ne halattaccen shugaba. A watan Nuwamba na shekarar Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar da wannan hukunci. Amma a cikin watan nan ɗin ne ɗaya ɓangaren ya taru a Oshogbo ya naɗa Musiliu Akinsanya, wanda aka fi sani da MC Oluomo, a matsayin shugaban ƙasa baki ɗaya. Aka wayi gari ɗaya yana riƙe da takardar kotu, ɗaya yana riƙe da mabuɗin ofis, lauyoyi irin su Femi Falana suna ta kira ga hukuma da ta aiwatar da abin da alƙalai suka ce.

Kada mu yaudari kanmu game da abin da ake faɗa a kansa. Ba bambancin aƙida ne ya raba su ba. Kowace mota da ta yi lodi a tasha akwai abin da take ajiyewa, kullum ta Allah, daga Legas har Maiduguri, kuma wanda ya riƙe tasha ya riƙe kuɗi, ya riƙe samari majiya ƙarfi waɗanda 'yan siyasa suke kwaɗayi idan zaɓe ya ƙarato. Shi ya sa gwamnoni ba sa iya kau da kai. Gwamnatin Oyo ta haramta ayyukan ƙungiyar a 2019, ta Legas ta dakatar da ita daga tashoshi a 2022 ta kafa nata kwamitin, ta kuma ɗora shi wannan Akinsanya ɗin a kansa.

Masu cewa kai ƙara cin amana ne suna da hujjar da ba za a yi watsi da ita ba. Cewa suke yi sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga, kuma tarihi yana bayansu. A 1988 NLC ta dare gida biyu a taronta na Benin, ɓangaren Ali Ciroma da ɓangaren Takai Shamang. Gwamnatin Janar Babangida, wadda dama take neman hanyar da za ta lanƙwasa ƙungiyar saboda adawarta da shirin tsuke bakin aljihu, sai ta ce ta zo raba faɗa. Ta rushe shugabancin gaba ɗaya, ta naɗa kantoma, Michael Ogunkoya, ya riƙe gidan har aka samo shugabannin da za a iya zama da su. Waɗanda suka yi ta kururuwa a zo a raba su, sai ga shi an raba su da gidan ma duka. Ga masu wannan ra'ayi, duk wanda ya kira hukuma cikin rikicin ma'aikata ya yi gudun gara ne ya faɗa gidan zago, kuma bai faɗa shi kaɗai ba, ya ja kowa.

Mun yarda da wannan, amma da sauran magana. Idan an ce a bar rikici a cikin gida, ya kamata a tambaya, a hannun wa aka bar shi? A gidan da ba a bin ƙa'ida, maganar "a sasanta a cikin gida" tana nufin wanda ya fi yawan 'yan daba shi ne mai gaskiya. Sannan idan aka fito da adduna da gorori, ba shugabannin nan masu manyan motoci ake sara ba. Ɗan kamasho ake sara, da yaron mota, da direban da ya zo bin layi bai san hawa ba bai san sauka ba, da mai sayar da ruwa a bakin ƙofa. Wanda ya ce wa irin wannan bawan Allah kada ya nemi tsari domin kada a ga tsiraicin ƙungiya, to ya ɗora masa nauyin da shi kansa ba zai ɗauka ba. Mutuncin ƙungiya abu ne mai daraja, amma bai kai darajar ƙoƙon kan mutum guda ba, kuma muna faɗin haka ba tare da wata inda-inda ba.

Neman tsari ma ai ba abin kunya ba ne a tarbiyyarmu. Malaman tarihin Musulunci sun kawo cewa da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya dawo daga Ɗa'ifa, ya shiga Makka ne a ƙarƙashin kariyar Muɗ'im ɗan Adiyyu, wanda ba Musulmi ba ne. Shi da 'ya'yansa suka ɗaura makamai suka raka shi. Ke nan mai gaskiya yana iya shiga inuwar wanda ba su haɗa tafiya ba, matuƙar ransa yake son tserarwa. Za mu dawo kan wannan, domin akwai wani labarin da yake tafiya tare da shi.

Wani zai ce, to me ya kawo kotu a ciki? Ba ga caji ofis nan ba? A nan ne gizo yake saƙar. Kare rayuka da dukiyoyi aikin ɗan sanda ne tun asali, doka ce ta ɗora masa, Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ma ta sake nanatawa. Ashe ke nan duk takardar da aka shigar gaban alƙali ana roƙon ya umarci 'yan sanda su ba da kariya, ƙara ce a fakaice a kan su 'yan sandan, wato mai ƙarar yana cewa na je ba a saurare ni ba, ko kuwa na je na tarar abokin faɗana ya riga ni zama a ofishin babbansu. Mutum yana bi ta kotu ne domin yana son ɗan sandan da zai zo ya zo da sunan doka, kada ya zo da sunan wanda ya zuba wa motarsa mai. Ta wannan fuska, mai zuwa kotu ya fi mai zuwa gidan gwamna da daddare mutunta jama'a, domin shi a fili ya kai kukansa, inda za a kira abokin hamayyarsa shi ma ya faɗi nasa.

Akwai wata ƙasa da wannan irin ƙara ta zama ruwan dare, har alƙalanta suka gaji suka shata mata iyaka, kuma muna ganin akwai abin dubawa a wurinsu. A jihar Kerala da ke kudancin Indiya, 'yan dako suna da doka tasu tun 1978, kuma kusan kowace babbar jam'iyya tana da ƙungiyar ƙwadagon da take jingine da ita: CITU ta 'yan gurguzu, INTUC ta jam'iyyar Kwangares, da sauransu. Saboda haka idan aka kawo kaya za a sauke a kasuwa, maganar wa zai sauke takan zama maganar jam'iyya. Har wata al'ada ta tsiro wadda suke kira nokkukuli, ma'ana ladan kallo, wato ko da inji ne ya sauke kayanka, ko yaranka ne suka sauke, sai ka biya 'yan ƙungiya kuɗin tsayawar da suka yi suna kallo. Gwamnatin jihar ta haramta wannan daga ranar 1 ga Mayu, 2018, Babbar Kotun jihar kuma a 2021 ta ce a ɗauke shi a matsayin ƙwace. A irin wannan yanayi, masu shaguna da masu masana'antu, har da ma'aikatan da wata ƙungiya ta hana su aiki domin ba 'ya'yanta ba ne, sukan garzaya Babbar Kotu a ƙarƙashin sashe na 226 na tsarin mulkin ƙasar, su roƙi a umarci 'yan sanda su tsare su.

Da abin ya yi yawa sai aka lura wasu sun mai da wannan ƙofa hanyar yanke. Mutum yana da rigimar kujera ko ta fili da wani, maimakon ya shigar da ƙara ya kawo shaidu a yi shekaru ana shari'a, sai ya ce ransa yana cikin haɗari, a ba shi 'yan sanda, da su kuma sai ya je ya karɓe abin da ake jayayya a kai. A 2006 Kotun Ƙolin Indiya, a wata shari'a da ta taso daga Kerala ɗin, ta ja kunne cewa ba a fakewa da neman kariyar 'yan sanda a yanke hukunci kan haƙƙin da ba a riga an tabbatar wa kowa ba. A taƙaice, kare rai daban, kare kujera daban. Mu a ganinmu wannan bambanci shi ne zuciyar maganar gaba ɗaya.

Sai dai faɗinsa ya fi aikata shi sauƙi. Ɗan sandan da aka girke a ƙofar ofis, aka ce masa kada ya bari a yi rigima, wa yake karewa? Wanda yake ciki. Idan wanda yake cikin da ƙarfin tsiya ya shiga shekaranjiya, to zaman lafiyar da ake tsarewa a yau ribar ƙarfin tsiyarsa ce, kuma duk wanda ya zo da takardar kotu yana son shiga, shi ne zai zama mai tayar da hankali a idon mai gadi. Wannan ne ya sa kowane ɓangare yake rige-rigen kwana a ofis kafin gari ya waye. Sashe na 287 na tsarin mulkin 1999 ya wajabta wa dukkan hukumomi da mutane su aiwatar da hukuncin kotuna, amma alƙali ba shi da bindiga ko ɗaya. Mai bindigar kuma yana karɓar umarni ne daga sama, daga Sufeto Janar, wanda shugaban ƙasa yake naɗawa. Idan na sama suna da ɗan gida a cikin rigimar, sai takardar alƙali ta yi ta yawo daga tebur zuwa tebur ana cewa ana nazari. Hausawa sun ce shari'a saɓanin hankali. Da sun ga wannan zamani da sun ƙara da cewa cin shari'a ma wani lokaci saɓanin samu ne.

Sannan ita kanta kariyar tana da fuska biyu. A ranar 1 ga Nuwamba, 2023, aka lakaɗa wa shugaban NLC, Joe Ajaero, duka a Owerri, aka gan shi a asibiti ido a kumbure. 'Yan sanda suka ce su ɗauke shi suka yi domin su tsare shi daga masu neman illata shi. Ƙungiyarsa ta ce ƙarya ne, da hannunsu a ciki, har ta kai ga an tafi yajin aiki na ƙasa baki ɗaya a tsakiyar watan. Ba mu ne za mu yanke hukunci tsakaninsu ba. Abin da ya ja hankalinmu, mu da sana'armu ta kalmomi ce, shi ne yadda kalma ɗaya take ɗaukar ma'anoni biyu: a Hausa "an tsare shi" tana nufin an kare shi, tana kuma nufin an kulle shi. Wanda ya roƙi ta farko ba shi da tabbacin ba ta biyu za a ba shi ba.

Ga labarin da muka ce za mu dawo kansa. Sayyidina Abubakar ya taɓa fita daga Makka zai yi hijira, wani shugaban ƙabila mai suna Ibnu Dagina ya dawo da shi ya ce yana cikin kariyarsa. Ƙuraishawa suka amince, amma da sharaɗin ya riƙa ibadarsa a cikin gida, kada ya ɗaga murya. Da tafiya ta yi tafiya, ya gina wurin salla a farfajiyar gidansa yana karatu mutane suna taruwa, sai mai kariyar ya zo ya ce ko dai ya daina, ko ya mayar masa da alkawarinsa. Abubakar ya mayar masa. Abin lura shi ne bai ƙi kariyar ba tun farko, ya karɓa, ya amfana da ita. Ranar da farashinta ya zama barin abin da saboda shi ne ake neman ransa, ranar ya sauke ta. Shugaban ma'aikatan da hukuma take gadinsa ya kamata ya riƙa tambayar kansa kowace safiya: yau zan iya kiran yajin aiki a kan masu gadin nan nawa? Idan amsar ta zama a'a, to kujerar tana nan, amma abin da aka zaɓe shi ya yi a kanta ya riga ya tafi.

Saboda haka matsayinmu shi ne, wanda aka yi wa barazana a jikinsa, ko aka hana shi neman abincinsa domin ya ƙi shiga wata ƙungiya, yana da cikakken haƙƙin ya kai kuka kotu, babu wanda ya isa ya kira shi maci amana. Sashe na 40 na tsarin mulki ya ba kowa 'yancin shiga ƙungiyar da yake so, gyaran dokar ƙungiyoyin ƙwadago na 2005 kuma ya fayyace cewa shiga ganin dama ne. Amma wanda ya sha kaye a zaɓe, ko yake tsoron a yi zaɓen, ya je ya ari kakin hukuma domin ya samu abin da ƙuri'a ta hana shi, wannan ko da takardar kotu goma ya zo ba mu ga gaskiyarsa ba. Akwai wani ma'auni mai sauƙi da za a iya gwada mai ƙara da shi. A ce masa, za a ba ka 'yan sandan, amma umarnin zai rufe ka ya rufe abokin hamayyarka daidai wa daida, shi ma ya shigo taro lafiya, ya yi magana lafiya, ya fita lafiya. Wanda tsoro ne ya kawo shi zai ce alhamdu lillahi. Wanda kujera ce ta kawo shi, a nan za ka ga fuskarsa ta canza.

Wasu kan yi begen zamanin da, lokacin da Sarkin Pawa yake kashe rigimar mahauta, Sarkin Maƙera ya kashe ta maƙera, ba a san lauya ba. Gaskiya ne akwai hikima a wannan tsari, domin mai sasantawar ya san sana'ar, ya san iyayen masu faɗan, kuma gobe ma tare za a wayi gari. Amma kada bege ya sa mu manta cewa a bayan Sarkin Pawa akwai fada, a bayan fada akwai dogarai da 'yan doka, kuma 'yan NEPU da suka ɗanɗana hannun 'yan dokan En'e a shekarun 1950 ba su ba da labari mai daɗi ba. Ƙarfi bai taɓa barin wurin sulhu ba, a da ma yana tsaye ne a bayan ƙofa. Ko a Suratul Hujurat, inda aka yi maganar ɓangarori biyu na muminai da suka yi faɗa, an fara da umarnin a sasanta su, aka halatta a taru a kan wanda ya ƙetare iyaka har sai ya dawo, sannan aka sake komawa ga sasantawa da adalci. Mu kuwa a nan sau da yawa daga tsakiya ake farawa, a tsakiyar kuma ake tsayawa, shekara da shekaru motar 'yan sanda tana fake a ƙofar sakatariya ba wanda ya kira zaman sulhu.

Kada kuma mu marubuta mu ɗauka wannan cuta ta direbobi ce kawai. Ƙungiyar Marubuta ta Nijeriya, ANA, wadda Chinua Achebe ya jagoranci kafawa a 1981, ta tashi daga taronta na Inugu a 2019 ba tare da an kammala zaɓe ba, daga baya mutum biyu kowa ya ce shi ne shugaba. Idan masu alƙalami, waɗanda ba su da tasha ba su da kuɗin lodi, za su iya kaiwa nan, to ina ga waɗanda kuɗi yake shigo musu kowace safiya?

Abin da ya fi ba mu mamaki shi ne yadda littattafanmu suka yi shiru a kan wannan duniya. Mun cika kasuwa da labarin soyayyar ɗan alhaji da 'yar talaka, alhali ga tasha nan a bakin ƙofarmu cike da labarai ba wanda ya ɗiba. Ga matasanmu masu neman abin rubutawa, ku je ku zauna a benci ɗaya da 'yan kamasho na mako guda. Ku dubi dattijon direban da ya shekara 30 yana biyan kuɗin ƙungiya, yau an ce masa shugabanni biyu ne, kowanne da nasa rasit, kuma duk wanda ya yanka ɗaya ɓangaren zai sa masa ido. Ku dubi kurtun ɗan sandan da aka ajiye a bakin ƙofa tun asuba, bai karya ba, bai ga takardar kotun da ake magana a kai ba, abin da aka gaya masa kawai shi ne kada ya bar kowa ya shiga sai mai kati, kuma ba a gaya masa katin wane ɓangare ba. Wataƙila ma shi da direban unguwarsu ɗaya, a mota ɗaya za su koma gida idan an tashi.